Mani da Asalin Kalmar Zindiƙi

Tun muna karatun Risala a zaure na fara jin kalmar zindiƙi, aka fassara mana ita da mai ɓoye kafirci yana bayyana Musulunci. Sai da nazarin kalmomin aro ya kai ni ga Farisanci na gane ashe da fari mabiyan wani mutum ake jifa da ita, wai shi Mani.

An haife shi a shekarar 216 Miladiyya kusa da Mada'in, a ƙasar Iraƙi ta yau. Koyarwarsa ita ce asali biyu ne, Haske da Duhu, kowanne ba shi da farko. Duhu ya kai wa Haske hari suka cakuɗe, aka gina duniyar nan don ta zama matatar da za ta tsamo Hasken. Cikar wata, a ganinsu, Hasken da aka tsamo ne yake taruwa kafin a miƙa shi ga rana. Zaɓaɓɓunsu ba sa aure, ba sa cin nama, ko ɗan itace ba sa tsinka. Sauran mabiya ke ciyar da su. Mai tauhidi ba ya bukatar in nuna masa inda aka saki hanya. Sarki Shafur na Ɗaya ya bar shi ya yi wa'azi, amma Bahram na Ɗaya ya ɗaure shi a Jundisabur, can ya mutu wajen 274 ko 277.

Abin da ya fi jan hankalina shi ne yadda labarin ya iso mana. Addinin ya yaɗu daga Afirka ta Arewa har ƙasar Sin, sannan aka murƙushe shi, aka ƙone littattafansa. Halifa Mahdi na Abbasiyawa har jami'i ya naɗa don farautar zindiƙai. Saboda haka ɗaruruwan shekaru ana jin maganar Mani ne galibi daga bakin abokan gabarsa, irin su Agustin, wanda ya yi shekara tara a cikinsu kafin ya juya musu baya. Wane alƙali ne zai yanke hukunci da jin ɓangare ɗaya?

Daga 1902 masu bincike Jamusawa suka fara tono rubuce-rubucen mabiyan da kansu a Turfan, yammacin Sin. A 1929 aka sami wasu cikin harshen Ƙibɗawa a Fayyum ta Masar. Sannan ga wani ɗan littafin Girkanci da ke Kolon, ƙanƙane kamar laya, tsawonsa santimita 4.5, wanda aka bayyana abin da ke cikinsa a 1970. Shi ya nuna Mani ya tashi ne cikin wata ƙungiyar masu wankan tsarki mai jiɓi da Yahudanci da Kiristanci.

To, ai Ibn Nadim ya faɗi haka cikin Fihrist tun 987, har ya kira su Mugtasila. Malamin Bagadaza, wanda ba addininsa ba ne, ya rubuta abin da ya samu bai ƙara gishiri ba, sai bayan kusan shekara dubu shaidarsa ta fito daga Masar.