Hatimi da Hisabi: Tarihin Taswirar Gaibu a Ƙasar Hausa

Gabatarwa

Duk wanda ya taɓa zama a zaurukan tsofaffin malamai na Tudun Jukun, ko na sauran unguwannin Tudun Wadar Zariya, da wuya a ce bai ga allo ko ɓallen takarda da aka zana wa gidaje tara ba, kowane gida da harafi ko adadi a cikinsa. Wannan shi ne hatimi. Jama'a sun fi saninsa a laya da rubutun sha, saboda haka 'yan boko suka ɗauke shi tsibbu zalla, suka kau da kai. Manufar wannan maƙala ita ce a nuna cewa magabata sun riƙi hatimi a matsayin taswirar duniyar ɓoye, kuma a garin zana ta sun bar mana lissafi na haƙiƙa wanda ya kamata a san tarihinsa.

Yadda Aka Tsara Taswirar

Tushen al'amarin shi ne abajada, watau tsarin da ya bai wa kowane harafin Larabci adadi, tun daga alifi mai 1 har zuwa harafi mai 1000. Ta haka kowane suna yake komawa adadi. Hatimi mafi ƙanƙanta yana da gidaje tara, uku-uku, an zuba musu 1 zuwa 9 ta yadda kowane layi, a tsaye ko a kwance ko a karkace, zai tashi 15, jimillarsa kuwa 45. To, sunan Adamu a abajada 45 ne, na Hauwa'u kuma 15, sunan tauraro Zuhalu shi ma 45. Masu hisabi ba su ɗauki wannan dacewa a banza ba. Adadin kusurwoyinsa huɗu, 2 da 4 da 6 da 8, su suka ba da kalmar nan buduhu, kuma malamai kan jingina wannan hatimi ga Imamu Gazali, wanda ya rasu a 1111.

Daga nan aka jera hatimai bakwai, daga mai uku-uku zuwa mai tara-tara, aka raba wa taurari bakwai na ilmin da: Zuhalu, Mushtari, Mirriku, Rana, Zahara, Uɗaridu da Wata. Kowane tauraro da samansa, da yininsa, da sa'arsa, da rauhanin da aka ce yana yi masa hidima. Mai hisabi yakan tashi daga suna zuwa adadi, daga adadi zuwa hatimi, daga hatimi zuwa tauraro da sa'a. Abin da ya sa muka kira shi taswira ke nan, domin a wurinsu yana nuna mazaunin kowa da hanyar isa gare shi. Wannan fanni ya iso mana ta Arewacin Afirka, musamman ta littafin Shamsul Ma'arifi, wanda ake danganta wa Ahmad al-Buni na ƙarni na 13.

Malamin Katsina a Alƙahira

Ƙasar Hausa ba karɓa kaɗai ta yi ba, ta kuma mayar. Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashinawi, mutumin Katsina, ya yi karatu a wurin malamai da dama, ciki har da Muhammad al-Wali na Bagarmi. Ya tafi hajji wajen 1730, daga bisani ya zauna a Alƙahira. A 1732 ya rubuta Bahjatul Afaƙi a kan haruffa da hatimai, ya kuma rubuta Durrul Manzumi a kan ɗalasimai da taurari.

Abin lura a Bahjatul Afaƙi shi ne ƙa'idojin gina hatimai masu mara, kamar uku-uku, biyar-biyar da bakwai-bakwai. Alal misali, a ɗauki mai biyar-biyar: gidajensa 25, a ƙara 1 a raba biyu, a sami 13, shi ne adadin gidan tsakiya, a riɓa 13 sau biyar, a sami 65, jimillar kowane layi ke nan. Mai shakka ya ɗauki alƙalami ya gwada, ba sai da rauhani ba. Amma fa ya gargaɗi ɗalibansa da su riƙa ɓoye wannan ilmi, kuma wannan ɓoyo yana cikin abin da ya nisanta shi da jama'a.

Ya rasu a 1741 a gidan Hasan al-Jabarti, malamin falaki, wanda ya ɗauki fannin hatimi daga gare shi. Ɗan mai masaukin nasa, Abdurrahman al-Jabarti, shi ne ya adana labarinsa a cikin tarihinsa na Masar, Aja'ibul Asari.

Hukuncin Masu Jihadi

Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, a cikin Nurul Albabi, ya yi kakkausar suka ga masu da'awar sanin gaibu ta bugun ƙasa ko duban taurari ko labarin aljannu, domin gaibu sai Allah. Duk da haka hatimi bai ɓace ba bayan jihadin 1804. Ya ci gaba da zama a layu da rigunan yaƙi da gafakar malamai, sai dai yawancin masu kwafarsa sun riƙe zanen sun saki ƙa'idar.

Kammalawa

Ba aikinmu ba ne mu farfaɗo da duba. Aikinmu shi ne mu raba tsaba da tsakuwa. Akwai rubuce-rubucen hannu a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya da Gidan Arewa na Kaduna, akwai kuma waɗanda gara ke ci a zauruka, magada ba su san darajarsu ba. Ya kamata malaman Hausa da na Larabci da na lissafi su zauna tare a kansu. Abin kunya ne yaron Katsina ya koyi wannan lissafi a littafin Turawa, bai taɓa jin cewa mutumin garinsu ya koyar da shi a Alƙahira kusan shekara 300 da suka wuce ba.