Zakkar Kasuwanci

zakkar kasuwanci (suna, mace, daga Larabci). Hakkin Allah da ya wajaba a kan hajar ɗan kasuwa, matuƙar darajarta ta kai nisabi, wato dinari 20 na zinariya, kuma shekara ta kewayo, sa'annan ya fitar da ɗaya cikin 40. A mazhabar Malikiyya, mai kantin da ke jujjuya haja kullum, wanda malamai ke kira mudiri, yakan ƙimanta kayansa kowace shekara, ya haɗa da tsabar da ke hannunsa, ya raba wa mabuƙatan wurin da dukiyar take.

Misali: Mai kanti a unguwar Mile 2 ya raba zakkarsa ga gajiyayyun unguwa kafin ya aika gida Kano.

Dubi: sadaka, wakafi.