Raba Gari da Rabon Gado: Daga Tarayyar Sobiyat Zuwa Kasuwar Umdurman

Kasuwar Umdurman ta girmi jamhuriyar Sudan nesa ba kusa ba. Ta bunƙasa ne tun zamanin Halifa Abdullahi, magajin Mahadi, wanda ya riƙi Umdurman hedkwatar daularsa daga 1885. Layin maƙeran zinari, rumfunan dukawa, masu turaren wuta da kayan yaji, duk sun daɗe a cikinta, kuma mutanen kowace kusurwa sun ci kasuwa a cikinta: Larabawan bakin Nilu, mutanen Darfur, Dinka da Shuluk na Kudu, da Hausawa da Fulani waɗanda kakanninsu suka yada zango a hanyar Makka. A wannan kasuwa ne talakan Sudan ya ɗanɗani abin da rabuwar ƙasa ke haifarwa, shekara 20 bayan mutanen Tarayyar Sobiyat sun ɗanɗani nasu.

Alaƙar Umdurman da Mosko tsohuwa ce. A garin aka haifi Abdulkhaliƙ Mahjub, sakataren Jam'iyyar Kwaminis ta Sudan, wadda aka kafa a 1946 ta kuma zama ɗaya daga cikin mafiya ƙarfi a Afirka da ƙasashen Larabawa, da goyon bayan ma'aikatan jirgin ƙasa na Atbara da manoman Jazira. Da Ja'afar Numairi ya yi juyin mulki a 25 ga Mayu 1969, da 'yan gurguzu ya fara tafiya, makamai da masu horar da soja suka riƙa zuwa daga Sobiyat. Tafiyar ba ta yi nisa ba. A 19 ga Yuli 1971 Manjo Hashim al-Ata ya kifar da shi, bayan kwana uku Numairi ya dawo, aka rataye Mahjub da shugaban ƙwadago Shafi'u Ahmad al-Shaikh da Joseph Garang, minista ɗan Kudu. A 1977 aka sallami ƙwararrun sojan Sobiyat. Saboda haka ranar da tarayyar ta rushe, Khartum ta daɗe da juya mata baya. Sai dai yadda aka raba gadonta ya zo ya shafi Sudan ta wata hanya.

A 8 ga Disamba 1991, shugabannin Rasha da Yukren da Belarus, wato Boris Yeltsin da Leonid Kravchuk da Stanislav Shushkevich, suka haɗu a dajin Belovezha. Takardar da ta ce Tarayyar Sobiyat ta ƙare, ita ce kuma ta kafa Ƙungiyar Ƙasashe Masu Cin Gashin Kai, wadda aka fi sani da CIS. A 21 ga watan, a Alma-Ata, jamhuriyoyi 11 cikin 15 suka sa hannu, kwana huɗu bayan haka shugaban tarayyar, Mikhail Gorbachev, ya sauka. Jojiya ta shiga a 1993, ƙasashen Baltik uku kuwa ba su taɓa shiga ba.

Ba ƙauna ce ta zaunar da su ba, dole ce. Layin dogo ɗaya ne, bututun mai da na gas ɗaya ne, ga miliyoyin mutane da suka wayi gari baƙi a garuruwan da aka haife su. A 1992, a Bishkek, aka amince a riƙa shige da fice ba biza. Rasha ta gaji kujerar tarayyar a Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya, makaman nukiliya na Yukren da Belarus da Kazakistan suka koma hannunta kafin ƙarshen 1996. Kan bashi kuwa, ta yi yarjejeniya da yawancin sauran: ita za ta ɗauki bashin waje gaba ɗaya, ta kuma riƙe kadarorin tarayyar da ke ƙetare. Ba komai ya ɗore ba. Kuɗin bai ɗaya ya wargaje a 1993, Jojiya ta fice bayan yaƙin 2008, abin da ya faru da Yukren daga 2014 kuwa kowa ya sani. Duk da haka, mafi yawan man Kazakistan har yau ta tashar Novorossiysk ta Rasha yake fita.

Sudan ta bi abin a juye. Yarjejeniyar zaman lafiya ta 9 ga Janairu 2005 tsakanin Khartum da 'yan tawayen Kudu ta ba Kudu damar ƙuri'ar raba gardama bayan shekara shida. A Janairun 2011 sama da kashi 98 cikin 100 suka zaɓi ɓallewa, aka ɗaga tutar Sudan ta Kudu a Juba ranar 9 ga Yuli. An raba gari ba a raba gado ba: ba a yanke kuɗin haya na bututu ba, ba a shata iyaka ba, ba a san makomar yankin Abyei ba, ba a daidaita matsayin 'yan Kudu mazauna Arewa ba. Kusan kashi uku cikin huɗu na man fetur ya tafi Kudu, alhali bututun da tashar Port Sudan suna Arewa. Khartum ta nemi kimanin dala 36 a kowace ganga, Juba ta taya ƙasa da dala ɗaya. A Janairun 2012 Juba ta rufe rijiyoyinta, duk da cewa kashi 98 na kuɗin shigarta daga can yake. A Afrilu ƙasashen biyu suka gwabza a yankin Heglig.

Ɗan kasuwar Umdurman bai buƙaci jarida ta gaya masa ba. Dala ta yi wuya, fam ɗin Sudan ya faɗi, hauhawar farashi ta haura kashi 40 a 2012. Jiragen ruwan da ke tashi daga Kosti da dawa da albasa da gishiri zuwa Renk da Malakal suka tsaya cik. An gyara dokar zama ɗan ƙasa, aka ba 'yan Kudu wa'adin 8 ga Afrilu 2012 su gyara takardu ko su tafi. Lebura da magini da mai saye suka ragu lokaci guda.

Sai a 27 ga Satumba 2012, a Addis Ababa, aka ƙulla yarjejeniyoyin haɗin kai guda tara tsakanin shugaban Sudan Umar al-Bashir da na Sudan ta Kudu Salva Kiir. Kwamitin Tarayyar Afirka ne ya shiga tsakani, ƙarƙashin Thabo Mbeki, tare da Janar Abdulsalami Abubakar na Najeriya da Pierre Buyoya na Burundi. An tanadi 'yanci huɗu ga mutanen ɓangarorin biyu: zama, zirga-zirga, sana'a da mallakar dukiya. Kudu ta yarda ta biya dala biliyan 3.028 a hankali, dala 15 kan kowace ganga, ban da kuɗin bututu. Bashin waje na kusan dala biliyan 40 kuma, dabarar Mosko aka ɗauko: Khartum ta riƙe bashi da kadarori, da sharaɗin masu bin bashi su sassauta mata. Mai ya koma gudana a Afrilun 2013, amma ɓarnar ta riga ta auku. A Satumbar shekarar gwamnati ta janye tallafin mai, Umdurman ta cika da zanga-zanga.

Daga baya kowace cikin ƙasashen biyu ta zama mai sulhunta 'yar'uwarta. A Khartum aka sasanta Kiir da abokin hamayyarsa Riek Machar a 2018, a Juba aka ƙulla sulhun Sudan da 'yan tawayenta a 3 ga Oktoba 2020. Da yaƙi ya ɓarke a Sudan a 15 ga Afrilu 2023, aka wawashe Kasuwar Umdurman, wani sashe ya ƙone, ɗaruruwan dubbai suka tsallaka Kudu ta Renk. A 2024 bututun ya lalace a yankin da ake faɗa, baitulmalin Juba ya ji a jika.

Mutanen Kano da Maradi ba baƙin wannan labari ba ne. Sun ga yadda rufe iyakar Najeriya da Nijar ta Jibiya daga 2023 zuwa Maris 2024 ya durƙusar da fatake, kuma a 29 ga Janairu 2025 Nijar da Mali da Burkina Faso suka fita daga ECOWAS. Shugabannin ECOWAS da na ƙasashen uku su rattaba hannu kan hanya da kasuwa da haƙƙin zama tun yanzu. Sudan ta jinkirta wata 14, kuma 'yan kasuwa da talakawa ne suka biya kuɗin jinkirin.