Majalisar Mazalim da Hukuncin da Mai Iko Ya Ƙi Bi

Idan alƙali ya yanke hukunci kan iyakar gona, wanda aka kayar kuwa gwamna ne, wa zai zartar? Irin wannan matsala ce Majalisar Mazalim ta tunkara. Imam Mawardi (ya rasu 450 H) ya lissafa cikin ayyukanta zartar da hukuncin da ya gagari alƙalai saboda ƙarfin wanda aka kayar, da mayar da filayen da mahukunta suka ƙwace. Umar ɗan Abdul'aziz ya fara gyara da danginsa, Banu Umayya. An ruwaito cewa Halifa Ma'amun ya zaunar da ɗansa Abbas daidai da matar da ta yi ƙararsa, aka mayar mata da gonakinta. Domin hukuncin da ba a zartar ba, azzalumi kaɗai yake yi wa amfani.