Yaran Shatila: ciwon da ake gado

A 1998 wata Bafalasɗiniya mai shirya fim, Mai Masri, ta shiga sansanin ƴan gudun hijira na Shatila da ke kudancin Bairut, babban birnin Labanon, ta miƙa ma yara biyu kamara. Farah tana da shekara 11, Isa yana da 12. Fim ɗin da ya fito da harshen Larabci sunansa Atfal Shatila, wato Yaran Shatila. Ba wasan kwaikwayo ba ne, mutanen ciki na gaske ne. Amma ƴan uwa ɗalibai, wanda bai san tarihin wurin ba ba zai gane abin da yaran nan ke ɗauke da shi ba.

Labarin ya faro daga 1948, shekarar da aka kafa ƙasar Isra'ila. Falasɗinawa sama da 700,000 suka bar garuruwansu, wasu an kore su, wasu sun gudu tsoron kisa. Wanga shi ne abin da suke kira Nakba, ma'ana babbar masifa. Kusan 100,000 suka faɗa Labanon, mafi yawansu manoma daga ƙauyukan arewacin Falasɗinu. A 1949 aka kafa Shatila da tantuna, kowa na zaton zaman ƴan watanni ne. Majalisar Ɗinkin Duniya ta kafa hukumar UNRWA don ta ba su abinci, magani da lakwal. Isra'ila ta hana su komawa, Labanon kuma ta ƙi ba yawancinsu takardar zama ɗan ƙasa. Tanti ya koma ɗakin kwano, ɗakin kwano ya koma bene.

A 1975 yaƙin basasa ya ɓarke a Labanon. A watan Yuni 1982 sojojin Isra'ila suka mamaye ƙasar har suka yi ma Bairut ƙawanya. Ƙarshen Agusta mayaƙan ƙungiyar PLO ta Yasir Arafat suka fice ta teku, bisa alkawarin ba za a taɓa farar hular da suka bari ba. Ranar 14 ga Satumba aka kashe zaɓaɓɓen shugaban Labanon, Bashir Jamayel. Bayan kwana biyu mayaƙan jam'iyyarsa ta Falanj suka shiga unguwar Sabra da sansanin Shatila. Daga 16 zuwa 18 ga wata suna kisa, mata da yara da tsofaffi, alhali sojojin Isra'ila na riƙe da hanyoyin shiga, da dare kuma suna harba wutar haske sama. Ƙiyasin mamata ya kama daga ɗaruruwa zuwa 3,500. A 1983 kwamitin Kahan na Isra'ila ya ɗora ma ministan tsaro Ariyel Sharon alhakin rashin hana kisan, ya sauka daga muƙamin. A Labanon kuwa, dokar afuwa ta 1991 ta rufe yawancin laifukan yaƙin.

To ga abin lura. Farah da Isa ba su ga 1948 ba, ba su ga 1982 ba. An haife su bayan kisan, a zamanin da ake kira yaƙin sansanoni, daga 1985 zuwa 1988, sa'ad da mayaƙan Amal suka kewaye Shatila suka ragargaza ta. Duk da haka, da kamara ta zo hannunsu, wurin tsofaffi suka nufa, suna tambayarsu garuruwan da suka baro da yadda suka fito. Yaro na tambaya, tsoho na ba da labarin ƙasar da yaron bai taɓa takawa ba amma yake kiranta gida. A nan ƙarfin fim ɗin yake: yana nuna yadda ciwon yaƙi ke sauka daga kaka zuwa jika kamar gadon gona.

Me ya sa ciwon bai warke ba? Don abin da ya jawo shi bai kau ba. Yaron da ya tashi a lungun da aka yi kisa, ya san waɗanda suka yi ba su gurfana gaban alƙali ba, ya kuma san ko ya yi karatu dokar Labanon ta tare masa sana'o'i irin su likita da lauya, yaya za a ce masa ya manta? Shekara uku bayan fim ɗin, a 2001, aka ƙara wata doka da ta hana Falasɗinawa mallakar gida a ƙasar. Shi ɗan gudun hijira, ɗansa ɗan gudun hijira, haka sunan ke tafiya a takardun UNRWA.

Mu nan Nijar ba baƙon abu ba ne gare mu. A Difa akwai yaran da aka haifa a sansanin Sayam Foraj bayan rikicin Boko Haram, kuma tun 2019 dubban iyalai daga Sakkwato, Zamfara da Katsina suka tsallako yankin Maradi gudun ƴan bindiga. Su ma sun zo da zaton kwana kaɗan ne. Tsofaffinsu na nan da sunayen ƙauyuka da ranakun da aka tashe su, kuma yau kusan kowane ɗalibi na da kamara cikin salularsa. In ba a ɗauki maganarsu tun suna da rai ba, jikokinsu za su gaji ciwon, su rasa labarin.