Ɗalibin gandun daji da ya ba Godzilla murya

Duk wanda ya taɓa kallon fim ɗin Godzilla ya san rurin nan mai tayar da tsigar jiki. To wanda ya ƙirƙiro shi, Akira Ifukube, bai taɓa zama ɗalibi a makarantar kiɗa ba. Ilimin gandun daji ya karanta a jami'a.

An haife shi a 1914 a garin Kushiro da ke Hokkaido, tsibirin da ke can ƙuryar arewacin Japan. Yana yaro suka koma ƙauyen Otofuke, inda mahaifinsa ya riƙe shugabancin ƙauyen. Nan ya tashi cikin ƙabilar Ainu, 'yan asalin tsibirin, waɗanda aka daɗe ana dannewa. Yana zuwa wajen waƙoƙinsu da raye-rayensu, inda ake ɗaukar gajeriyar gaɓa a yi ta maimaita ta har sai ta ratsa jiki. Ku riƙe wannan, don shi ne tushen kiɗansa.

Ya shiga jami'ar Hokkaido da ke Sapporo, yana halartar lacca a kan itatuwa, yana koya wa kansa rubuta kiɗa daga littattafai da faya-fayai. Da ya gama a 1935 aka tura shi aikin gandun daji a Akkeshi, wani lungu a gabashin tsibirin. A shekarar ne kiɗan da ya rubuta mai suna Japanese Rhapsody ya zo na ɗaya a gasar Tcherepnin, wadda aka yi alƙalancinta a Faris. Yaro ɗan shekara 21 fa, ma'aikacin daji, ya buge waɗanda suka yi makarantar abin!

Duk da haka bai bar aikinsa ba. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu an sa shi binciken ƙarfin katako, kuma a nan tururin radiyeshon ya taɓa lafiyarsa, ya kwanta jinya. Ciwon ne ya raba shi da daji. A 1946 ya fara koyarwa a makarantar kiɗa ta Tokyo, a 1947 kuma ya yi wa fim kiɗa karo na farko.

Sai 1954, kamfanin Toho ya kira shi aikin Godzilla, wanda Ishiro Honda ya ba da umarni. Fim ɗin ba wasan yara ba ne kamar yadda muke ɗauka. Shekara 9 kacal da jefa bam a Hiroshima da Nagasaki, kuma a watan Maris na shekarar, tokar gwajin bam na Amurka a Bikini ta zubo wa wani jirgin masunta na Japan. Dodon nan tsoron nukiliya ne aka ba siffa, kuma wanda zai ba shi murya ya san ciwon a jikinsa.

An gwada kukan dabbobi, bai zauna ba. Sai Ifukube ya kawo shawarar a shafa wa safar hannu ta fata ƙaro, a ja ta a kan tsirkiyar kwantirabas, wato ƙaton gogen nan na Turawa, sannan a rage gudun sautin da aka naɗa. Rurin ke nan. Taken fim ɗin kuwa, ku saurare shi da kyau: 'yar gajeriyar gaɓa ce ake ta maimaitawa, tana ƙara nauyi kamar takun dodo. Salon da kunnensa ya saba da shi tun Otofuke ke nan.

Ya yi wa fina-finai sama da 250 kiɗa, har da The Burmese Harp na 1956 da jerin Zatoichi. A 1976 ya zama shugaban Kwalejin Kiɗa ta Tokyo. Godzilla na ƙarshe da ya yi wa kiɗa shi ne na 1995, ya rasu ranar 8 ga Fabrairun 2006 yana da shekara 91.

Ko a Godzilla Minus One na 2023, da dodon ya afka birni, takensa aka saka. Mai data ya nemo na 1954 ya sa abin ji a kunne, sai ku faɗa min abin da kuka ji.