Asalin kwanon rufi da yaƙin da aka sha da tsatsa

A shekarar 1742 wani masanin haɗa sinadarai ɗan Faransa, Paul Jacques Malouin, ya bayyana wa majalisar masana kimiyya ta Paris cewa idan aka tsoma ƙarfe cikin narkakken zinki, zai fito da wata riga mai kare shi daga tsatsa. Masana suka saurara, amma masana'antu ba su motsa ba. Zinki na da tsada a lokacin, kuma ba ya kama ƙarfen da ke da datti ko tsatsa a jikinsa.

Sai da aka yi kusan shekara ɗari kafin Stanislas Sorel, shi ma Bafaranshe, ya warware matsalar, ya karɓi takardar mallakar fasahar a 1837. Yakan fara wanke ƙarfen da ruwan asid, irin wanda ke cikin batirin mota amma an surka shi, ya shafe shi da wani gishirin amoniya, sannan ya tsoma. Har gobe haka ake yi, a tukunyar da zafinta ke kaiwa wajen digiri 450.

A ganina, babban abin da Sorel ya gane ya wuce wannan wanki. Fenti da kuza rufi kawai suke yi; da zarar an kankare su, tsatsa ta samu ƙofa, kuma a ƙarƙashin kuza ma ta fi saurin ci. Zinki kuwa, ko an yi masa ƙarzuna, shi ne ke fara lalacewa a madadin ƙarfen da ke gefensa, domin idan danshi ya haɗa su biyun, wata 'yar wutar lantarki ce ke gudana tsakaninsu tana cin zinkin. Shi ya sa bakin kwanon da aka yanka da almakashi ba ya saurin ja.

Lanƙwasar kwanon kuma daga Ingila ta zo. Henry Palmer, injiniyan tashar jiragen ruwa ta Landan, ya yi rajistarta a 1829, don falle marar kauri ya yi ƙarfin ɗaukar kansa. Da aka haɗa lanƙwasa da rigar zinki, sai aka samu rufi marar nauyi, mai sauƙin jerawa a jirgi, wanda ya bazu har ƙasashenmu. A Amurka ma, gadar Brooklyn da aka buɗe a 1883 tana rataye ne da wayoyin ƙarfe masu wannan riga.

Daga baya Tadeusz Sendzimir, ɗan Poland, ya ƙera layin da ke jan dogon falle ta cikin tukunya ba tsayawa, kwano ya yi araha. Sai dai layi irin wannan yana ba mai masana'anta damar rage kaurin zinkin yadda ya so, alhali tsawon rayuwar kwano a kaurin nan yake. Mai saye a kasuwa yakan murɗa falle ya ji ƙarfinsa, amma hannu ba ya iya auna zinkin da ke kai.